Gidan Ɓatan Kai da Zaren Ariyan

Ana gina ɗaki don a kwana a ciki. Ana gina rumbu don ajiyar hatsi. Amma akwai wani irin gini da ake yi don wanda ya shiga ya rasa hanyar fita. Da Faransanci ana ce masa labyrinthe. Mu a nan za mu kira shi gidan ɓatan kai.

Baƙon da ya taɓa shiga unguwar Birni ta Damagaram ya ɗan san abin da ake nufi. Lungu ya kai ka wani lungu. Katanga ta yi kama da katanga. Ka yi ta tafiya, sai ka ga ka komo ƙofar gidan da ka wuce ɗazu. Sai dai a Birni kana iya tsai da yaro ka tambaye shi hanya. A gidan ɓatan kai babu wanda za ka tambaya, kuma da gangan aka murɗa hanyoyin.

Yau shekara fiye da 3,000 ke nan mutane suna ba da labarin irin wannan gida, suna zana shi, suna wasa da shi. Tambayar da suke yi guda ce: in ka shiga, ƙaƙa za ka fito?

Dodon Kiret

Kiret tsibiri ne cikin Bahar Rum, kudu da ƙasar Girka. Tsawonsa ya kai kilometir 260. Girkawan dā suna da wata tatsuniya a kansa. Ga yadda take.

An yi wani sarki a Kiret, sunansa Minos. Ya yi wa abin bautarsu na teku alkawarin zai yanka masa wani farin bajimi. Da ya ga kyan bajimin, sai ya yi rowa, ya yanka wani. Sakamakon wannan cin alkawari, matarsa ta haifi dodo: jikinsa na mutum, kansa na sa. Aka sa masa suna Minotor. Abincinsa naman mutane.

Sarki ya ji kunya, kuma ya ji tsoro. Ya kira wani gwanin magini mai suna Dedal. Ya ce masa ya gina wurin da dodon ba zai iya fita ba. Dedal ya gina gida mai hanyoyi barkatai, wannan ta shiga cikin waccan, waccan ta koma baya. Aka saka Minotor a tsakiya.

A lokacin nan birnin Atina yana ƙarƙashin ikon Minos, don ya ci su da yaƙi bayan da ɗansa ya mutu a ƙasarsu. Harajin da ya ɗora musu mai ɗaci ne. Kowace shekara tara sai su aiko da samari bakwai da ƴan mata bakwai. A tura su cikin gidan. Su yi ta yawo cikin duhu har dodo ya same su.

Da aka zo karo na uku, ɗan sarkin Atina, Teze, ya ce shi ma a sa shi cikin samarin. Ubansa, sarki Eje, ya yi ta roƙonsa, ya ƙi. Jirgin ruwan da ke kai su yana da babban baƙin ƙyalle wanda iska ke turawa. Uban ya ce masa in ya tsira, ya sauke baƙin ya ɗaura fari, don a gane tun daga nesa.

A Kiret, ɗiyar sarki Minos, mai suna Ariyan, ta ga Teze, ta so shi. Ta je wurin Dedal ta nemi dabara. Dabarar kuwa ba ta fi wannan ba: dunƙulen zare. Ta ba Teze, ta ce ya ɗaure bakin zaren a ƙofa, ya riƙa warwarewa yana tafiya.

Haka ya yi. Ya iske dodo can ciki, ya kashe shi. Sa'an nan ya juyo yana naɗe zarensa, kamu bayan kamu, har ƙofa, sauran yaran suna biye da shi.

Ku lura da abu ɗaya. Jarumi mai kashe dodo ba sabon abu ba ne gare mu: mun san labarin Bayajida da macijin rijiyar Daura. Amma Bayajida da ya gama aikinsa ya san hanyar masaukinsa. Teze kuwa, da ba don zaren ba, da ya kashe dodo ya mutu da yunwa kusa da gawarsa. A ganinmu Ariyan ta fi shi cancantar kirari.

Ƙarshen tatsuniyar ba shi da daɗi. Teze ya gudu da Ariyan, amma ya bar ta tana barci a tsibirin Naksos, ya yi tafiyarsa. Wannan butulci ne, ba shi da wani suna. Kuma ya manta bai canza ƙyallen jirgi ba. Sarki Eje yana kan dutse yana jira, ya hango baƙi. Ya zaci ɗansa ya mutu, ya faɗa teku. Har yau ana kiran tekun nan da sunansa. Dedal kuma, Minos ya kulle shi da ɗansa Ikar. Suka yi fukafukai da gashin tsuntsu da kakin zuma, suka tashi sama. Ikar ya matsa kusa da rana, kakin ya narke, ya faɗo.

Sunayen nan suna nan cikin Faransancin da kuke koyo. In Bafaranshe ya ce un dédale, yana nufin wuri mai lunguna masu ruɗarwa. In ya ce le fil d'Ariane, wato zaren Ariyan, yana nufin abin da ke fid da mutum daga ruɗani. Rokar da ƙasashen Turai suka fara harbawa sama a ƙarshen 1979 ma Ariane aka sa mata.

Abin da aka samu da aka tona

Tatsuniya dabam, tarihi dabam. Amma masu bincike sun so su ga ko akwai wani abu a ƙasa.

A 1878 wani ɗan kasuwa mutumin Kiret, shi ma sunansa Minos Kalokairinos, ya fara tona wani tudu a Kinosos. A 1900 wani Bature ɗan Ingila, Arthur Evans, ya kama aikin sosai. Abin da ya fito shi ne ƙatuwar fada, mai ɗakuna fiye da 1,000, da benaye, da matakala, da dogayen rumbuna cike da manyan randuna na mai da hatsi. An fara gina ta wajen shekara 1900 kafin haihuwar Annabi Isa. A jikin bango an zana samari da ƴan mata suna wasa da bajimi, wani yana tsallake bayansa.

Ba a ga dodo ba, ba a ga gidansa ba. Amma ku yi tunanin wani baƙauye Bagirke da ya zo bayan ɗaruruwan shekaru, ya iske kangon fadar nan. Ya shiga ɗaki, ya fita wani ɗaki, ya ga hoton sa a bango. Masana da yawa suna jin daga nan tatsuniyar ta samu abin kamawa.

Akwai wani abin mamaki. Mutanen Kinosos, ƙarnuka kaɗan kafin haihuwar Annabi Isa, sun buga kuɗin ƙarfe da hoton gidan dodo a jiki. In ka bi hoton da tsinke, sai ka ga hanya guda ce tak. Tana zagayawa sau bakwai, tana kusantar tsakiya, tana nisa, ta sake kusantowa, amma ba ta rabuwa ko sau ɗaya. Wanda ya shiga irin wannan ba ya ɓata. In ya kai tsakiya, ya juyo, ƙafarsa za ta kai shi ƙofa. Me zai yi da zare? Wato gidan da ke cikin tatsuniya da gidan da ke jikin kuɗi ba iri ɗaya ba ne. Mai zane ya zaɓi wanda ya fi kyan gani da sauƙin yi.

Zanen nan ya girmi kuɗin da nisa. A Pilos, cikin Girka, an tono wani ɗan allon yumɓu na wajen shekara 1200 kafin haihuwar Annabi Isa. A gabansa magatakardan fada ya rubuta lissafin awaki da sunayen mutane. A bayansa kuwa ya zana gidan ɓatan kai. Da alama aiki ne ya gundure shi, kamar ɗan lakkol mai zane a bayan kaye. Gobara ta cinye fadar, ta gasa allon kamar tukunya, shi ya sa ya kai har zamaninmu.

Na Masar

A Afirka ma an yi wani mai suna. Herodot, Bagirke marubucin tarihi, ya je Masar cikin ƙarni na 5 kafin haihuwar Annabi Isa. Ya ba da labarin wani gini da ya gani kusa da tabkin Fayum. A faɗarsa, ginin yana da farfajiya 12 da ɗakuna 3,000, rabi a sama, rabi a ƙarƙashin ƙasa. An zagaya da shi na sama. Na ƙasa kuwa masu tsaro sun hana shi, suka ce kaburburan sarakuna ne da na kadoji masu tsarki.

Wurin nan sunansa Hawara. Ginin na Fir'auna Amenemhat na Uku ne, wanda ya yi sarauta wajen shekara 1850 kafin haihuwar Annabi Isa. Da Flinders Petrie ya tona wurin a 1888, bai iske kome ba sai ɓaraguzan dutse, don mutane sun daɗe suna kwashe duwatsun suna gini da su.

Dalar da ke kusa, inda aka binne sarkin, ita ce ta fi kama da abin da muke magana. Maginan sun yi hanyar ƙarya wadda ba ta kai ko'ina. Sun ɓoye hanyar gaskiya a rufin ɗaki, suka tanadi manyan duwatsu na toshewa. Ɗakin gawar kuwa daga dutse guda aka sassaƙa shi, nauyinsa ya wuce tan 100. Duk da haka ɓarayi sun shiga tun zamanin dā, sun kwashe.

Iri biyu

To, gidan ɓatan kai iri biyu ne, kada ku haɗa su.

Na farko mai hanya guda ne, irin na jikin kuɗin Kinosos. Shi ana yin sa don a yi tafiya a natse. A maƙwabciyarmu Aljeriya, a garin da ake kira Shalif yanzu, an yi wani da ƙananan duwatsu masu launi a daɓen wata majami'a cikin ƙarni na 4. Wanda ya fi suna yana cikin babbar majami'ar Shartir, a Faransa, tun farkon ƙarni na 13. Faɗinsa bai kai metir 13 ba, amma hanyar da ke naɗe a ciki ta kai metir 261.

Na biyu mai rassa ne. Hanya ta rabu biyu ko uku, dole ka zaɓa, kuma wasu rassan a toshe suke. Sarakunan Turai sun riƙa dasa irinsa da shingen itatuwa cikin lambunansu don nishaɗi. Na Hampton Court, kusa da Landan, an dasa shi wajen 1690, kuma har yau mutane na biyan kuɗi su shiga su ɓata. Wannan na biyu shi ne mai haɗari, shi ne kuma ke bukatar dabara.

Yadda ake fita

Kada ku zaci ɓata irin wannan cikin tatsuniya kaɗai take. A ƙarƙashin birnin Pari akwai tsofaffin ramuka inda aka haƙi dutsen gina birnin. Hanyoyinsu sun kai kusan kilometir 300. A watan Nuwamba 1793 wani mai gadin ƙofar asibiti, Philibert Aspairt, ya sauka ciki shi kaɗai. Ba a sake ganinsa ba sai a 1804, bayan shekara 11, aka iske ƙasusuwansa ba nisa da wata mafita. A nan aka binne shi, kabarinsa na nan har yanzu.

Mutum in ya ɓata, tsoro ne ke fara cin sa. Sai ya yi ta sauri, yana bin hanya ɗaya sau biyar bai sani ba. Maganin wannan shi ne ƙa'ida, wadda za ka bi ko hankalinka ya tashi.

Ƙa'ida ta farko kowa na iya riƙe ta. Tun daga ƙofa ka ɗora hannun dama a bango. Ka yi ta tafiya, kada ka ɗaga hannun. In bango ya lanƙwasa, ka lanƙwasa da shi. In hanya ta toshe, hannunka zai zagaya da kai ya komo da kai. Dalili kuwa shi ne, in duk bangayen a haɗe suke, to kamar bango guda ne mai tsawo da aka lanƙwasa. Wanda ya bi gefensa dole ya kai ƙarshe.

Amma ƙa'idar nan tana da rauni. A ce akwai wani bango a tsakiya wanda bai taɓa sauran ba, kamar tsibiri cikin gulbi. In ka riga ka ɓata sa'an nan ka ɗora hannu a kansa, za ka yi ta kewaya shi kamar raƙumin da ke juya injin mai. In kuma abin da kake nema yana cikin tsibirin, mai bin bangon waje ba zai taɓa isa gare shi ba.

Ƙa'ida ta biyu ta fi ƙarfi. Wani injiniya Bafaranshe, Charles Trémaux, shi ya tsara ta, kuma malamin lissafi Édouard Lucas ya buga ta cikin littafinsa a 1882. Abin da take bukata gawayi ne ko alli.

Duk hanyar da za ka shiga, ka yi alama a bakinta. In ka fita ta ɗaya bakin, nan ma ka yi alama. In ka iso mararrabar da ba ka taɓa gani ba, ka ɗauki hanyar da ka ga dama. In ka iske toshe, ka juyo. In sabuwar hanya ta kawo ka mararrabar da ka riga ka sani, wato ka ga alamarka a wani baki, to ka yi zagaye ke nan: ka juya ka koma ta inda ka zo. In kuwa komawa kake yi ka iso mararraba, ka nemi hanya marar alama. In babu, ka bi mai alama ɗaya. Hanya mai alama biyu kuwa ta mutu, kada ka sake shigarta.

Wanda ya bi wannan ba zai taka wata hanya fiye da sau biyu ba, zuwa da komowa. Ku yi lissafi: in an haɗa tsawon hanyoyin gidan duka ya kama metir 500, tafiyarka ba za ta wuce metir 1,000 ba. In akwai mafita za ka same ta. In babu, za ka komo inda ka faro, ka kuwa san babu. Kuma a kowane lokaci, hanyoyi masu alama ɗaya su ne ke kai ka baya har ƙofar da ka shigo. Zaren Ariyan ne aka rubuta da gawayi.

Na'ura ma tana iya koyon wannan. A 1950 wani masani ɗan Amurka, Claude Shannon, ya ƙera ɗan ɓeran katako mai maganaɗisu a ciki. Ya sa shi kan wani allo mai gida 25 da katangu da ake iya sauya wa wuri. Karo na farko ɓeran ya yi ta karo da katanga har ya kai ga abin da yake nema. Karo na biyu ya tafi kai tsaye, don na'urar da ke ƙarƙashin allon ta riƙe hanyar. Sunan da Shannon ya ba ɓeran shi ne Teze.

Kurkukun sihiri cikin wasanni

Yanzu ga wata kalma. Da Faransanci, donjon shi ne doguwar hasumiya a tsakiyar gidan sarki na zamanin dā. Ta Vincennes, kusa da Pari, tsawonta ya kai metir 50, kuma an daɗe ana tsare fursunoni a ciki. Ingilishi ya ari kalmar, amma a bakin Ingilawa ta sauko daga sama ta koma ƙasa: ta zama kurkuku mai duhu a ƙarƙashin gida.

Masu tatsuniya sun daɗe suna son irin wannan wuri. Ku tuna kogon ɓarayi arba'in cikin labarin Ali Baba. Ƙofarsa ba ta buɗuwa sai da wata kalma. Ɗan'uwansa Ƙasim ya shiga, dukiya ta ɗauke masa hankali, ya manta kalmar, ɓarayi suka iske shi a ciki. Shiga ba ta yi masa wuya ba, shi ma.

A 1974 wasu mutum biyu a Amurka, Gary Gygax da Dave Arneson, suka fid da wani wasa mai suna Dungeons & Dragons. Faransawa suna ce masa Donjons et Dragons. Dragon shi ne ƙaton maciji mai fukafukai, mai fesa wuta, na tatsuniyoyin Turai. Wasan ya yi kama da tatsuniyar dare, sai dai masu saurare su ne mutanen cikin labarin. Mutum ɗaya shi ne uban wasa. Ya zana taswirar kurkuku a takarda mai gida-gida, irin ta kayen lissafi, ya ɓoye ta. Ya san inda tarko yake, da inda dukiya take, da ɗakin da dodo ke kwance. Sauran kowa ya zaɓi abin da zai zama: mayaƙi, ko boka, ko ɓarawo mai buɗe kwaɗo.

Uban wasa ya ce musu ga hanya ta rabu biyu, ta hagu tana wari, ta dama ana jin motsi. Su yi shawara su zaɓa. In za a yi faɗa ko tsallake rami, sai a jefa ɗan lido a ga sa'a. Ɗan lidon da kuka sani fuska 6 gare shi. Nasu akwai mai 4, mai 8, mai 12, har mai 20. Kuma cikin ƴan wasa akan sa mutum ɗaya ya riƙe fensir, yana zana duk inda aka bi. In ya yi kuskuren lungu ɗaya, jama'a duka sun ɓata. Aikinsa ba shi da armashi kamar na mai takobi, amma ƴan wasa masu wayo ba su raina shi.

Da kwamfuta ta zo, kurkukun ya koma cikinta. Wajen 1976 Will Crowther ya rubuta wasan Colossal Cave Adventure. Shi mai shiga koguna ne na gaske, kuma ya kwaikwayi wani sashe na kogon Mammoth a jihar Kentaki, wanda hanyoyinsa da aka auna sun wuce kilometir 650. Wasan ba shi da hoto ko ɗaya, rubutu ne zalla. A wani wuri ɗakunan duka bayaninsu iri ɗaya ne, ba ka iya bambanta su. Ƴan wasa suka gano dabara: ka ajiye kwalba a wannan ɗaki, makulli a wancan, abinci a na gaba. In ka sake ganin kwalba, ka san inda kake. Ƙa'idar Trémaux ce suka sake ganowa da kansu.

A 1980 wasu ɗalibai a Kaliforniya suka yi Rogue. Shi kuma duk lokacin da ka fara, kwamfuta sai ta gina sabon kurkuku. Haddar hanya ba ta da amfani a nan, sai dai ka iya neman hanya. A shekarar nan dai, a Japan, aka fid da Pac-Man, inda kana ganin gidan duka daga sama, amma fatalwa huɗu na bin ka cikin lunguna. A The Legend of Zelda, na 1986, kowane kurkuku yana da taswirarsa da aka ɓoye a wani ɗaki, sai ka nemo ta. Yawancin wasannin da ake yi a salula yau, masu ɗaki bayan ɗaki da babban dodo a ƙarshe, jikokin waɗannan ne.

Zare na gaske

Masu ninƙaya cikin kogunan da ruwa ya cika ba su shiga sai da igiya. Su ɗaure ta a baki, su riƙa warwarewa. Da Faransanci sunan igiyar nan fil d'Ariane. In laka ta tashi, fitila ba ta nuna kome, ko tafin hannunka ba ka gani. Sai ka bi igiya da yatsu.

Ran 23 ga Yuni 2018, yara 12 ƴan ƙwallon ƙafa, masu shekara 11 zuwa 16, suka shiga kogon Tham Luang a ƙasar Tailan tare da mai koya musu. Ruwan sama ya sauko, ya cika hanyar bayansu. Sai ran 2 ga Yuli wasu masu ninƙaya biyu ƴan Ingila suka same su, wajen kilometir 4 daga bakin kogon, suna zaune kan tudu cikin duhu. An shimfiɗa igiya cikin ruwan tun daga baya har inda suke. Ɗaya daga masu aikin ceton, Saman Kunan, ya rasu a hanya bayan ya kai tukwanen iska. Daga ran 8 zuwa ran 10 ga Yuli aka fito da su ɗai-ɗai, su 13, da ransu. Mai ninƙaya yana riƙe da yaro da hannu ɗaya, ɗaya hannun yana kan igiya.

Aiki a filin lakkol

Ku nemi wuri mai rairayi da sanda ɗaya. Za mu zana irin na Kinosos.

Ku ja layi tsaye, ku gitta masa layi kwance, kamar alamar tarawa a lissafi. Ta raba wurin kashi huɗu. A kowane kashi ku zana kusurwa, kamar harafin L, gwiwarta tana duban tsakiya, hannuwanta suna bin layukan nan biyu. A cikin kowace kusurwa ku sa ɗigo ɗaya. Yanzu ku ƙirga: bakin layi 4, bakin kusurwa 8, ɗigo 4. Sun zama 16.

Ku fara daga kan layin tsaye, a sama. Ku ja ɗan baka zuwa bakin kusurwar da ke kusa da shi ta dama. Sa'an nan ku koma hagu, ku ɗauki baki na farko da ba a taɓa ba, ku ja baka ta bisa na farin, ku sauke shi kan ɗigon dama. Haka za ku yi ta yi: na gaba a hagu, ta sama, zuwa na gaba a dama, ba tsallake. Baka na takwas shi ne mafi girma, yana zagaye gidan duka ya ƙare a gindin layin tsaye. Ƙofa tana nan kusa da shi, ta hagu. In kuna so ku shiga da ƙafa, ku bar taki ɗaya tsakanin layi da layi tun daga farko.

Ku ba zagayen lamba, daga na waje 1 har na ciki 7. Ɗaya ya shiga, sauran su rubuta lambar kowane zagaye da ya bi. Za ku ga bai fara da 1 ba, da 3 ya fara.

Bayan haka kalas ya rabu biyu. Kashi ɗaya su zana mai rassa, da toshe, da tsibiri ɗaya a ciki, su ajiye gwangwani a tsibirin. Ɗaya kashin su aiko mutum biyu. Na farko ya bi bango da hannun dama. Na biyu ya cika aljihu da tsakuwa, ya riƙa ajiye ɗaya a bakin kowace hanya maimakon gawayi. Ku ƙirga takin kowannensu, ku rubuta a kaye wanda ya kai ga gwangwanin.